Shafin Ƙarshe na Kundin Amo

Har yau ina jin haushin Inna Delu, kakata ta wajen uba, Allah Ya ji ƙanta. Na san bai kamata ba, amma haka abin yake.

A gidanmu na Gyaɗi-Gyaɗi, da an idar da sallar isha'i sai ta jawo kujerarta gaban murhu, inda sauran garwashin tuwon dare yake ci. Mu jikoki mu kewaye ta, ƙarar motocin titin Zoo tana shigowa ta saman katanga. Ba ta ɗaukar surutu. "Ku ba ni kunne, bakinku kuwa ku kai shi ɗaki ku ajiye," haka take farawa. Tana kuma da wani mugun hali: sai labari ya kai inda kowa ya riƙe numfashi, sai ta yi hamma ta ce gobe.

Wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne na Kundin Amo. Ta ce can bayan bangon duniya akwai wani kundi da aljanu suka ɗinka tun ba a san mutum ba. Ko ɗigon tawada babu a cikinsa, kunne ake karawa a shafi a saurara. A wani shafin akwai sautin da ke kiran ruwan sama, a wani akwai mai sa gero ya tsiro, a na ƙarshe kuwa akwai wanda ke dawo da numfashin mai barin duniya. Sai dai duk shafin da aka saurara sau ɗaya, ya yi shiru ke nan har abada. Saboda haka tsofaffin da ke gadinsa suka hana kowa matsowa. Aka yi fari, suka ce lokaci bai yi ba. Aka yi annoba, suka ce lokaci bai yi ba. Duk sanda Inna ta zo nan sai ta ja musu dogon tsaki.

Ana nan sai wata yarinya, Kande, uwarta ta kwanta rai a hannun Allah. Ta faki idon masu gadi ta shige, ta buɗe shafin ƙarshe, ta kara kunne. Nan Inna ta ɗauki buta ta yayyafa wa garwashin ruwa.

"Inna, me ta ji?" na tambaya.

"Ke Hadiza da azarɓaɓi! Kunnenki guduwa zai yi kafin gobe?"

Washegari ta zame a bakin rijiya, ƙashin ƙugunta ya karye. Aka kwantar da ita a babban asibitin da ke kusa da mu. Yara sai da la'asar ake bari su shiga dubiya, kafin magariba an sallami kowa. Ranar da aka fara kai ni, ko gaisuwa ban gama ba na roƙe ta ƙarashen labarin.

"Tatsuniya da rana? So kike ki ɓata a hanya? Bari in koma gida."

Na ce zan saki labule ɗakin ya yi duhu. Ta yi dariya har ciwon ya motsa. "Labule ne zai faɗar miki da rana?" Na fashe da kuka, mahaifiyata ta ranƙwashe ni, wai ina damun mara lafiya. Duk zuwan da na yi bayan nan amsar ɗaya ce, har ranar da aka dawo da ita gida a lulluɓe.

Na tambayi gwaggonnina. Da na yi wayo na je har Darmanawa, inda ta tashi, na bi tsofaffin danginta ɗaya bayan ɗaya. Babu wanda ya taɓa jin labarin.

Sai da na girma na ga abin da ya fi ciwo: ita da take yi wa masu gadin nan tsaki, irin tasu ta yi mini. Na san ƙauna ce, tsoro take kada in ɓata. Amma daga asibitin zuwa ƙofar gidanmu hanya ce da ko ido rufe zan bi. Tana da baki, ina da kunne, muna zaune a kan gado ɗaya, don kawai rana ba ta faɗi ba ta tafi da abinta.

Kwanaki muna cikin adaidaita da 'yata, rana tsaka, na ba ta labarin. Da na kai inda Kande ta kara kunne sai na yi shiru.

"Mama, me ta ji?"

"Ban sani ba."

Ta kawar da kai tana kallon titi. "To me ya sa kika fara?"