Saƙon Murya da Ya Kai Ni Gaban Alƙalin Masar

Shekarun baya na tafka wata wauta da har yau ban san wa zan ɗora wa laifin ba, bakina ko zuciyata. Ni dai bokona bai wuce aji uku ba, Larabcina kuwa na cinikin tumatir ne. Da wannan ɗan ilimin na kai kaina gaban alƙali a Alƙahira.

Ina da aboki Bazazzagi, ni kuma Bakano, to kun san wasan da ke tsakani. Tsawon zamanmu a unguwar Hayyin Ashir ta Alƙahira ban taɓa kiran sunansa ba, "bawana" nake ce masa, shi kuma ya ce min "sarkin son banza". Muka haɗa kuɗi muka sayi ɗan fili a bayan gari, muna ajiye raguna muna sayar wa ɗaliban ƙasarmu da ke karatu a can in an yi musu haihuwa ko layya ta zo. Sunana kaɗai aka sa a takarda, don lokacin iƙamarsa, wato takardar izinin zama, ta ƙare. Tsakaninmu kuwa irin ta gida muka yi: ɗalibai biyu suka shaida, aka shafa fatiha. Ba wanda ya tuna cewa ɗalibi da ya gama karatu jirgi yake hawa.

Ana nan sai hukuma ta ce titi zai bi ta kan filin. Aka auna, aka rushe, bayan dogon jira aka biya diyya da sunan mai takarda, wato ni. Abokina ya turo saƙon murya: "Sarkin son banza, na ji an biya. Ina rabona?" Ina zaune wajen mai shayi na danna na amsa, ina ƙyaƙyata dariya: "Wane rabo? Tun yaushe bawa ya fara mallakar fili? Je ka tambayi gwamnatin Masar sunan wa ke takarda."

Da a ranar na ba shi, shi ke nan. Amma mako ya zama wata, wata ya zama huɗu. Duk ya tambaya sai in sake masa wannan amsar. Wallahi ban taɓa ko fam ɗaya a cikin kuɗin ba. Sai dai kuma in na wuce ta gaban bankin nakan ji wani sanyi a raina da ban san sunansa ba.

Mijin 'yarsa Bahaushen Sudan ne, bai san wasan Kano da Zariya ba. Shi ya kwashi saƙonnina ya kai wa lauya, aka fassara su da Larabci tsaf. Wata takarda ta zo gidana, na ɗauka ta kuɗin wuta ce, na cusa ta bayan madubi. Sai da na je sabunta iƙama aka ce min akwai hukunci a kaina: an yanke min ɗauri a bayan idona, laifin zamba. In ya tabbata, kurkuku ne, daga nan a sa ni a jirgi in bar mata da 'ya'ya.

Na ɗauki lauya Bamisire, ya nemi a sake sauraron ƙarar. Ya karanta fassarar ya ɗago kai.

"Ya Hajj, wannan mutumin bawanka ne?"

Na ce, "A'a, aminina ne."

"To me ya sa ka ce bawanka ne?"

"Ai don aminina ne."

Ya cire tabarau ya dafe goshi. Na ce abokin nawa ma haka yake min, gadonmu ne kaka da kakanni. Ya ce, "Khalas. A gaban alƙali kada ka yi wa kowa bayanin nan."

Ranar shari'a matata ta haɗa min jaka har da maganin hawan jini. Lauyoyi suka yi ta zuba Larabci irin na huɗuba, ban tsinci komai ba sai sunana. Abokina na can gefe, kansa a ƙasa. Alƙali ya tambaye ni abu ɗaya: filin namu ne mu biyu? Na ce eh. Ya rubuta, ya faɗi wata magana da ba ta kai tsawon fatiha ba, aka kira na gaba. Na miƙa wa ɗan sanda hannuwana, ya dube ni kamar mahaukaci.

A waje lauya ya ce, "Mabruk, an soke hukuncin." Wai ban yaudari kowa na karɓi dukiyarsa ba, hukuma ce ta biya mai takarda. Maganar rabo rigimar haƙƙi ce, ba ta ɗauri ba, wata kotun ce ke jin irinta.

Na ce, "Wato na ci?"

"A'a, ba a dai ɗaure ka ba."

"To shi ya ci?"

"Shi ma a'a."

"To wa ya ci?"

Ya ce, "Ma'alish ya Hajj, akwai ragowar ladana."

Ban jira wata kotu ba. Juma'ar da ta biyo baya na tare abokina a wani masallaci a unguwar Darrasa bayan an idar da sallah, na ba shi rabinsa cif. Ya karɓa ya ce, "Na gode, Alhaji." Alhaji fa! Da ya zage ni da ya fi min sauƙi.

Yanzu muna gaisawa, har bikin jikarsa na je, amma wasa ya mutu a tsakaninmu. Mutane na cewa kotu ta wanke ni, in ce haka ne. Ni kuwa har yau ban gane me aka wanke ba, don alƙali takarda ya duba, bai tambaye ni me ya sa na yi wata huɗu ba.

Shi abokina ya tambaya. A ranar nan a Darrasa, ya sa takalmansa zai tafi, sai ya juyo ya ce, "Ni fa na san wasa kake yi. Abin da ban sani ba, da ban kai ƙara ba, yaushe za ka tashi daga wasan?"