Muciya a Bakin Rijiya

Karatuna bai yi nisa ba. Malam ya sallame ni da addu'a, ina jin don ya huta. Saboda haka wanda ya ga karkace a rubutun nan ya yi haƙuri, hannun marini ne.

Shekarar da mahaifina ya rasu, lokacin Maraɗawa suna yawan kawo hari, na gaji rijiyoyin rininsa a marinar garinmu, kusa da Bakori. Na gaji ma'aikatansa kuma, amma ban gaji haƙurinsa ba.

Al'adar marina ita ce, in an yashe rijiya, katsin da ya kwanta a ƙasa na ma'aikata ne. Su ƙona shi, su kai wa magina a yi laso, shafen da ke hana bango shan ruwa. Ni da ilimin nan nawa na zauna na yi lissafin malamai: rijiya tawa, shuni nawa, toka tawa, to katsi ɗan wa? Na ce daga yau nawa ne.

Da safe na tarar an gitta muciya a bakin kowace rijiya. Muciya dai doguwar sanda ce da ake motsa shuni da ita. In sarkin marina ya gitta ta, ba marinin da zai tsallake, kuma ba mai ɗagawa sai shi. Ga shi ban daɗe da zuba sabon shuni ba. Shuni kuwa a kwanakin farko in bai sha motsi ba, mutuwa yake yi, ya bar ka da ruwa mai wari. Duk shunin da na tara a shekarar yana cikin rijiyoyin nan.

Na aika Danja aka zo mini da marina 'yan ƙodago. Na kuma faɗi gaban hakimi, ya haɗa ni da dogarai biyu.

Muka iso rana ta ɗaga. Marina sun zauna sun tare hanya, hannuwa baƙi ƙirin bisa gwiwoyi. Babban dogarin ya warware bulala.

"Ku ba da hanya, an ce a yi aiki!"

Suka dare. Na ji kaina ya yi girma. Mutanen Danja suka bi bayana har bakin rijiya, sai suka ga muciya. Suka tsaya cik.

"Ku shiga mana," in ji ni.

Babbansu ya ce, "Maigida, ba ka ce an gitta ba. Mu ma marina ne."

Dogari ya sunkuya zai ɗauke sandar. Sarkin marina, tsoho abokin mahaifina, ya tako ya ɗora ƙafa a kanta.

"Ɗan sarki, ko ka ɗauke, a gitte take. Ko kai za ka motsa?"

"Tsoho, janye ƙafarka."

"Ƙafar ta tsufa, ba ta jin magana."

Dogari ya saki bulala ya kama ƙotar takobi. A bayanmu na ji mutane suna miƙewa ɗaya bayan ɗaya. Wani ya jawo itacen bugun tufafi. Ƙaramin dogarin ya matso jikina, ban sani ba ko tsarona yake ko ni ne garkuwarsa. Na leƙa rijiyar farko: kumfar da ya kamata ta taso shuɗiya tana ƙyalli ta lafa, ta koma kamar ruwan wanki.

Tsohon bai dubi takobi ba, ni ya duba.

"Ɗana, ta farko ta tafi. Ta biyu tana da sauran numfashi zuwa azahar."

Takobi ya fito rabi. Na ga in aka zub da jini a marina, ko shekara dogarai suka yi suna gadi, ba mai sake taɓa mini muciya daga nan har Malumfashi. Na riƙe hannun dogarin, na juya ga tsohon.

"Baba, katsi nasu ne."

"Ɗaga murya, na baya ba su ji ba."

Na ɗaga. Tsohon ya janye ƙafa, ya sunkuya da ƙyar ya ɗauki muciyar, ya miƙo mini ita.

"Kai za ka fara."

Na motsa har kafaɗuna suka mutu, marina suna gyara mini riƙo da babbar murya don kowa ya ji. Rijiyar farko ba ta dawo ba, sauran sun rayu. Dogarai suka ci tuwona, suka tafi da rawani ɗaɗɗaya na wahalar tsaro.

Har gobe ina nan a kan cewa bisa ilimi katsin nawa ne. Da muka yashe matacciyar rijiyar, ta ba da katsi mai yawa ƙwarai. Ni na taya su ɗauka.