Waken da Kawu Ya Shuka a Layin Dogo

Jiya na bi ta tsohuwar tashar jirgin ƙasa ta garinmu. Sito babu rufi, ganyen wake ya rufe layin dogo. Sai na tuna Kawu, ƙanin mahaifiyata, wanda ya tsufa yana gadin wurin.

Ta tashar nan gyaɗar ƙauyukanmu take tafiya Kano a da. Ko bayan jirgi ya daina zuwa, duk wanda ya yi shuka kusa da layin, Kawu sai ya tuge. "Hanyar jirgi ce," yakan ce.

Shekarar da rumbuna suka ƙare tun da bazara, na same shi a tsugune tsakanin ƙarafan, yana tura iri cikin tsakuwa. Ko'ina warin tsatsa. Bai ɗago kai ba.

"Gonar ta kasa riƙe gidan," ya ce. "Kai da kake gidan rediyo, ranar da ka ji jirgi zai dawo, ka aiko in tuge."

Har ya rasu ban samu labarin da zan aika masa ba. Allah ya haskaka kabarinsa, ya hutar da shi daga jira.