Mai Gudu da Baya

Kun san kasuwar dabbobin Tanut? Can nake ganin wani dogo mai faɗin kafaɗa, gwiwarsa ɗaure da tsumma. Dillalai sun ce wai ƙwallon Amurka ya buga, irin wanda ake rungumewa a ƙirji, aikinsa shi ne ya yi gudu da baya ya tare abokin karawa.

Ran nan sai ga maraƙi ya tsinke igiya. Mutumin ya duƙa, yana ja da baya kamar walƙiya, idonsa a kansa, har ya tare shi.

Wata tsohuwa mai fura ta ce, "Kai ɗan nan, bari! Tafiya da baya tana kashe uwa!"

Ya dube ta ya ce, "Inna, ai ina can ina yi aka binne ta."