Kalmomin da Yaya Ummaru ya ba ni ajiya

Da ranin shekarar da na fara azumi, wata safiyar Asabar, Yaya Ummaru ya sauko fadamarmu ta Sabiyal da wani littafi mai kauri naɗe cikin rigarsa. Ƙamus ne na malaminsu, an ba shi aron kwana biyu rak. Jarrabawar shiga makarantar gaba ta matso, takardar rubutunsa ta cika, ni kuwa an san ni da riƙon tatsuniya, ji ɗaya nake yi mata. Ya zauna bakin fangalin albasa ya ce, "Hajo, ke za ki zama littahina."

Haka kuwa aka yi. Ina dashe, laka har gwiwar hannu, shi yana tsinto kalmomin Turanci masu wuya, waɗanda ko malamin nasu sai ya duba. Ya faɗa, in faɗa, ya gyara mini harshe, sannan ya ba ni ma'ana. Lugubiriyos, mai baƙin cikin da ya fito har fuska. Ifemaral, abin da ba ya daɗewa. Obsikwiyos, mai fadanci. Guda arba'in ya zuba mini kafin ya mai da littafin. Daga nan kullum yana jan jigo yana ban ruwa, yana tambayata, ina amsawa. Da su nake daka, da su nake zuwa rijiya. Inna takan ce, "Wagga ɗiya, Allah shi sa ba iskoki ba ne."

Ya ci jarrabawa, aka kai shi Sakkwato. Ranar tafiya ya dafa kaina ya ce, "Riƙe min su. In na komo hutu in nuna miki kamanninsu a takarda." Hutun farko aikin gona ya cinye shi. Kafin na biyu sanƙarau ya ɗauke shi, can aka rufe shi, ko kabarin ban gani ba. Ba hoto, ba riga. Abin da ya rage mini nasa shi ne yadda yake lanƙwasa baki in zai faɗe su.

Kwanan baya jikata Safiya ta zo hutu daga jami'a, na zaunar da ita na karanto mata kalmomin da suka rage mini a kai. Ta daddanna waya, ta yi dariya ta ce, "Kaka, duk daidai ne fa! Amma wa ka faɗin waɗanga yanzu? Ko Turawan sun bar su." Na ce ta riƙe ko uku. Ta ce ai suna cikin waya, ta tashi, ƙawarta na jiranta a ƙofa.

A da, kai ɗaya ake nema a zuba magana, a kwana da ita. Yau kowa na da ƙamus a aljihu, ba mai son ɗauka. Bara sha ɗaya suka rage mini, bana bakwai. Jiya na nemi wata tun hantsi har azahar, ba ta zo ba, kuma babu wanda zan tambaya.