Rigar da Kakana Ya Jefa wa Akuya

Jiya a kasuwar Baima da ke Guangzhou, ƙasar na ta hidimar Olamfik, wata 'yar China ta miƙo min rigar ƙwallon Amurka mai ƙatuwar lamba. Na ture hannunta. Warin sabuwar ledar rigar ne ya dawo min da kakana, wanda ya rasu bara.

Irinta na taɓa kai masa tsaraba Kano. Ya shinshina, ya jefa wa akuya.

"Kai ja'iri, ka san masu rigar nan? Lokacin yaƙin Bama, a sansaninmu na Indiya, mu aka sa muka sare daji da adda don sojan Amurka su yi wasa. Maciji ya sari abokina a ciyawar. Muna haƙa kabarinsa, ƙattin suna gware da kai, sun rungume ƙwallo kamar jariri, ana tafi. Ko ɗaya bai waiwayo ba."

Ya tofar da goro. Har na dawo Guangzhou bai sake amsa gaisuwata ba.

Kayan da na saro za su tafi Kano babu irin rigar ko ɗaya. Allah ya jiƙanka, Kaka, ya ba ka lambun da ba kai ka share ba.