Ranar da wayata ta je Katsina ba ni

Salamu alaikum. Wata goma sha ɗaya ban ce uffan a nan ba. Masu tambayar ko na mutu, ina nan, ina cin tuwo.

Ƙullutu na ji a nonona na hagu, kamar ƙwayar gyaɗa. Na gaya wa ƙawayena na waya, waɗanda ban taɓa gani ido da ido ba, na ɓoye wa maƙwabtana a Safana. Wai ni malamar makaranta, ba za a yi hira da ni a bakin rijiya ba.

A asibiti a Katsina aka yi hoto, aka ɗebi tsoka. Tumakina biyu suka tafi a nan. Likita ta ce, "Koma gida, zan neme ki a waya."

Kwana uku da dawowata aka datse layin waya saboda 'yan bindiga. Su suna daji suna sha'aninsu, mu aka toshe wa baki.

Unguwa ta samo dabara. A kunna wayoyi a tara su a buhu, Baba Iro direba ya kai su Katsina saƙonni su sauka, ya dawo da su da yamma. Sati biyu na hana tawa, kada wani ya leƙa. Tsoro ne ya sa na miƙa.

Baba Iro yana shiga tashar Katsina wayata ta hau ƙara a buhu, ya ɗauka. Likita ce, ashe kullum sai ta kira. Ta ce, "Ka kawo ta yau."

Ya juyo ba fasinja ko ɗaya. Tun daga bakin titi yake kwararawa: "Malama, ɗauko mayafi, likitarki ta ce yau!" Abin da na binne wata huɗu ya tone shi kafin ya kashe mota.

Sankara ce. Aka cire nonon. Allurai, amai, gashi ya zube tas. Maƙwabciyata Inna Hajo, wadda na fi ɓoye wa, ita ta riƙe mini kwanon amai, tana cewa, "Ke da bokonki, katanga ɗaya ce tsakaninmu."

Makon jiya likita ta duba, ta ce babu saura. Alhamdulillahi. Na gode wa likita, na gode wa unguwa.

Mata, ku riƙa taɓa jikinku. Kun ji ƙullutu, ku tafi asibiti a satin. Kuma ku gaya wa wadda za ta iya buga muku ƙofa.

Har yau ina yi wa Baba Iro faɗan tonon silili. Sai ya ce, "Yi abinki, Malama. Da na bar wayar tana kuka a buhu, wa zai yi mini faɗan?"